Shaihu Umar: daga dandali zuwa majigi

Kafin Adamu Halilu ya ɗauki kyamara a kan labarin Shaihu Umar, labarin ya riga ya sauya riga sau ɗaya. Abubakar Tafawa Ɓalewa ne ya rubuta shi a matsayin ƙagaggen labari. Daga baya Umaru Ladan da Dexter Lyndersay suka mayar da shi wasan kwaikwayo a Jami'ar Ahmadu Bello ta Zariya, aka buga shi a 1975. Fim ɗin ya fito a 1976, kuma Umaru Ladan ɗin ne ya fito a matsayin Shaihun.

Halilu, haifaffen Garkida, ya koyi sana'ar a Landan, ya kuma goge a finafinan wayar da kai na gwamnatin Jihar Arewa, irin waɗanda motar majigi ke kai wa garuruwa da dare. Ya san mai kallon da ke zaune a tabarma.

Matsalar da ta fuskance shi ita ce hamada. A kan dandali, faɗar ta ake yi da baki: ɗan wasa ya ambaci ƙishirwa da nisan Masar, mai kallo ya cika sauran da zuciyarsa. Kyamara ba ta karɓar wannan uzuri. Dole a ga rairayi, a ga ayari, a ga uwar da ta bi sawun ɗanta har ta faɗa hannun masu cinikin bayi. Halilu ya nuna su, amma bai rushe zauren da wasan ya ginu a kansa ba: malami zaune, almajirai kewaye da shi, yana ba su tarihinsa. Masu gaggawa za su ce fim ɗin yana da nawa, don ya haura awa biyu. Nawar karatun zaure ce, kuma ita ta dace da labarin.

Sai fim ɗin ya ɓace shekaru da dama. A 2016 aka gano faifansa a ma'ajiyar hukumar finafinai ta ƙasa, aka gyara shi a Jamus, aka nuna shi a bikin finafinai na Balin a 2018. Ɗalibin Hausa a Ikara ko Makarfi ko Kudan, wanda Zariya ke kusa da ƙofarsa, zai iya samun littafin a kasuwa. Fim ɗin kuwa, Bajamushe ya riga shi gani.