Duwatsun Guara: inda ake sauka da igiya, ba a komawa baya

Baƙon da ya sauka a garin Alkezar, arewacin ƙasar Ispaniya, abu biyu zai fara gani: tsohuwar ganuwa bisa dutse, wadda Musulmi suka kafa a ƙarni na 9, har garin ya samo sunansa daga kalmar Larabci alƙasr; sai kogin Bero can ƙasa yana ratsa duwatsun Guara. Ruwa ya daɗe yana cin dutsen nan, ya bar kwazazzabai masu zurfi, wasu ƙuncinsu har mutum ya dafa bango biyu da hannuwansa. Tun 1990 hukumar Aragon ta keɓe yankin, kuma lokacin zafi baƙi, musamman Faransawa, kan zo su bi kwazazzaban daga sama zuwa ƙasa.

Inda hanya ta yanke a bakin gangare, igiya ce tsani. Mutum zai sa hular kwano da rigar roba mai tsare sanyi, ya ɗaura ɗamara a ƙugu. Jagora zai zura igiya cikin zoben ƙarfen da aka kafe a dutse, ya duba ko tsatsa ta ci shi. Mai sauka zai laƙa igiyar a wani ƙarfe mai siffar lamba 8, ya jingina baya, ƙafafu a buɗe bisa bango, hannunsa riƙe da igiya ta ƙasa, ba saki ko da ya zame. Inda ruwa ke zuba, ana auna igiya ta tsaya daidai fuskar ruwan, ba a ƙulla bakinta, don kada ta riƙe mutum ya nutse. Jagora kuma kan yi ɗaurin da zai iya sassautawa daga sama in wani ya maƙale. Ƙarar ruwa na danne murya, sai a yi magana da usur.

Da na ƙarshe ya sauka aka janye igiya, komawa ta ƙare, sai gaba. Nan ne babban haɗari yake. Mutanen Ayar sun san halin kori: hadari ya zuba nesa, ruwa ya iso inda rana ke haskawa. A watan Yuli na 1999, irin wannan ambaliya ta kashe mutum 21 a wani kwazazzabo kusa da Intalaken, ƙasar Suwis.

Shi ya sa jagoran kirki kan fara duba labarin yanayi kafin ya duba igiya. In ya ce yau ba shiga, kada kuɗin da aka biya su sa gardama. Da muguwar rawa gara ƙin tashi.