Ina Ne Gida?

Akwai wani tsoho a Zangon Parakou, ƙasar Benin, wanda kullum yakan ce shi Bakano ne. Sau ɗaya ya je Kano, a can kuwa baƙo aka kira shi. Kakansa ya biyo ayarin fatake masu zuwa Gwanja sayen goro. Ciwo ya tsai da shi a Djougou, ya yi aure, ya zauna. A 1898 Ingila da Faransa suka raba Borgu biyu, iyaka ta gitta hanyar komawa. Rannan jikan tsohon ya tambaye shi da Dendanci, "Kaka, ina ne gidanmu?" Tsoho ya yi shiru. Kashegari suka shiga mota zuwa Djougou, ya nuna wa yaron maƙabarta.