Hajiya Delu: sunan da muke tsallakewa



In aka ce wasan kwaikwayon Hausa a Télé Sahel, suna ɗaya ke zuwa bakin kowa: Yazi Dogo. Ya cancanta, babu musu. Amma fa hannu ɗaya ba ya ɗaukar jinka. Yau Hajiya Delu muke son tunawa, ɗaya daga cikin matan wannan ƙungiya da ta taso a Damagaram.

Télé Sahel ta fara aiki a 1979, zamanin Seyni Kountché. Lokacin ba kowane gida ke da tele ba, taruwa ake yi wuri guda a kalla, manya a kan tabarma, yara a gaba. Ƴan wasan kuma ba haddar takarda suke yi ba. Sai su zauna su tsara labari, kowa ya san matsayinsa, maganar kuwa daga bakinsa za ta fito nan take. To ku duba, mace ta tsaya gaban Yazi Dogo, mushen lakwal mai kaifin baki, ya jefo magana ta cafe ta mayar masa, jama'a su kwashe da dariya. Rabin dariyar nan ai tata ce.

Ga kuma abin da maza ba su sha ba. A wancan zamani, mace ta fito a tele a matsayin matar wani, mutane da dama ba sa raba wasa da gaske. Sai mai ƙarfin hali. Matan da muke ji yau a gidajen rediyonmu, hanyar da irin su Delu suka share suke bi.

Wata Ba'amurkiya, Janet Beik, ta wallafa littafi kan wasan kwaikwayon Hausa na Nijar a 1987. Daga Amurka fa ta taso! Mu da makirfo ke hannunmu kullum, sau nawa muka ware wa matan nan ko minti 30?

Kaset yana lalacewa, tsofaffin da suka kalla suna tafiya ɗaya bayan ɗaya. Duk mai tsohon kaset a akwati, ko mai iyayen da ke tuna wasannin nan, don Allah ya neme mu, mu zo mu ɗauki murya. Kada mu jira sai ranar sanarwar rasuwa.