Inda Fim ɗin Sissi Ya Tsaya

Duk mai cewa Turawa ba su san auren zumunci da rikicin uwar miji ba, to ya nemi Sissi ya kalla. Fina-finai ne guda uku da Jamusanci, waɗanda Ernst Marischka ya shirya a ƙasar Ostiriya a 1955, 1956 da 1957. Labarin Elisabeth ne, 'yar gidan sarauta daga Bavariya, wadda ta auri Sarki Franz Joseph a 1854 tana da shekara 16. Uwar mijin nata, Sophie, yayar mahaifiyarta ce, ciki ɗaya. Kun ji fa.

Ba ma ita aka tanadar masa ba. Yayarta Helene aka kai garin Bad Ischl don a haɗa su, sai idon sarki ya faɗa kan ƙanwa. A fim an ƙara gishiri: tana kamun kifi ƙugiyarta ta maƙale a rigarsa, daga nan hira ta ƙullu. Ga kuma Manjo Böckl, ɗan sanda sarkin shirme, da ya ɗauka yarinyar nan so take ta kashe sarki, har ya tsare ta. A waya na kalla, ina bin fassarar Turanci a ƙasa, amma wallahi na yi dariya har 'yan ɗakinmu suka fara tambaya ko lafiya.

Na biyun ne ya tsaya mini a rai. Sissi ta haihu, sai uwar miji ta sa aka ɗauke jaririyar aka mayar da ita sashenta, wai uwar yarinya ce, ba ta iya reno ba. Mijin ya goyi bayan uwarsa. Sissi ta yi yaji ta koma gidansu, ya bi ta ya yi biko, manya suka sa baki, aka dawo mata da 'yarta. Fim ya ƙare da naɗa ta sarauniyar Hungari, kowa yana murmushi.

A tarihi kuwa ba haka aka yi ba. An ƙwace mata 'ya'yan da gaske. Ita waccan 'yar fari, mai sunan kakarta Sophie, ta rasu a Hungari a 1857 tana da shekara biyu. Naɗin da aka rufe fim da shi sai a 1867 aka yi, wato yarinyar ta shekara goma a ƙasa. Ɗanta namiji tilo, Rudolf, ya kashe kansa a Mayerling a 1889. Ita kuma wani Luigi Lucheni ya soke ta a birnin Janeba a 1898. Babu ko ɗaya cikin waɗannan a fina-finan uku.

Ban ga laifin masu fim ɗin sosai ba. A 1955 shekara goma ke nan da gama yaƙin duniya na biyu, kuma a shekarar ne sojojin mamaya suka bar Ostiriya. Wanda ya binne 'yan uwa, ya ga gidansa a rushe, in ya biya kuɗin silima duwatsu da koramu da rigunan alfarma yake son gani. Har yau ana maimaita su a talabijin a Jamus da Ostiriya duk lokacin Kirsimeti.

Abin da ke damuna shi ne yadda aka mayar da ƙwace jaririya daga hannun uwarta ɗan saɓani da biko ɗaya ke warwarewa. Mu 'yan ajin ƙarshe, a ɗakinmu zancen anko da sa rana ya fi zancen jarrabawa yawa, ni ma ciki har da ni. Mun san kalar lefe, mun san wanda zai yi kwalliya. Wa zai yanke hukunci kan 'ya'ya, za a bar ki ki yi aiki da difilomar nan ko a'a, wannan ba mai ɗagowa. In ka ɗago a ce kina kawo mugun fata.

Romy Schneider, wadda ta fito a Sissi tana ƙasa da shekara 18, kuma mahaifiyarta ta gaske Magda ta fito a uwarta, ta ƙi yin na huɗu duk da kuɗin da aka yi mata tayi. Ta koma Faransa ta ci gaba da sana'arta. A farkon shekarun 1970 ta yarda ta sake fitowa a matsayin Elisabeth a fim ɗin Ludwig na Luchino Visconti, wannan karon mace babba mai ɗaci a rai, wadda ba ta son zaman fada. Da zarar mun ajiye biro shi zan nema.