Kwano Biyu A Walimar Pantami

A unguwar Pantami ta cikin garin Gombe akwai wata malamar makarantar firamare, matar wani ƙaramin ma'aikacin gwamnati, wadda Allah ya nufa ɗanta na fari ya sauke Alƙur'ani mai girma a shekarar 2024. Aka sa ranar walima mako biyu bayan ƙaramar Salla, watau ƙarshen watan Afrilu, sa'ad da zafin bazara ya kai inda ya kai. Murna dai ba a magana, amma a ƙarƙashin murnar akwai lissafi, domin tun ran 29 ga Mayu 2023, da Gwamnatin Tarayya ta janye tallafin man fetur, kayan masarufi suka yi tashin gwauron zabo, albashi kuwa yana nan inda aka san shi.

Maigida ya yi bakin ƙoƙarinsa. Ya sayi shinkafa da ɗan akuya don abincin dare na malamai da sauran baƙi. Abin da ya rage shi ne sha'anin mata, waɗanda za su fara hallara tun bayan Azahar, su kusan arba'in, su zauna har Magariba kafin a sauke tukunya. Kowa ya san ba a barin baƙo ya yi wannan zama da ruwa kaɗai. A kan kawo abin taɓa baki, ko cincin, ko dubulan, in gida da hali kuwa a kawo dambun nama. Malama ta yi lissafin naman da zai ishi dambun mutum arba'in, ta ga kuɗin ya tasam ma rabin albashinta, sai ta ninke takardar ta tura ƙarƙashin matashi.

Tana da ƙanwa ɗaliba a Jami'ar Jihar Gombe, wadda ke zaune tare da su. Ran nan da dare yarinyar ta matso da wayarta, ta ce, "Adda, dubi abin da Turawa ke yi in suna da taro. Ba wuta, ba suya, cikin minti goma an gama." Suka kalli wata mata tana marmasa jan kifi a kwano, ta zuba masa wani farin cuku mai laushi, ta matsa lemun tsami, ta yanka albasa, ta cuɗa, sa'an nan ta riƙa shafawa a kan 'yan gutsattsarin burodi.

Kifin nan shi ne Turawa ke kira salmon. Kifin ruwan sanyi ne, ba ya rayuwa a kogunanmu. A kogi ake ƙyanƙyashe shi, ya gangara teku ya girma, in lokacin haihuwa ya yi kuma ya komo kogin da ya fito, yana haurawa gaba da ruwa. Jan da namansa ke yi daga ƙananan jatan landen da yake ci ne. Mutanen ƙasar Norwe sun fara kiwonsa cikin manyan raga a bakin teku tun wajen 1970, har suka zama su ne kan gaba a duniya wajen sayar da shi. Kafin ya iso Nijeriya sai ya hau jirgi cikin ƙanƙara, saboda haka a manyan kantunan Legas da Abuja ake ganinsa. Ƙanwar ta tambayi wata ƙawarta a Abuja, aka gaya mata kuɗin yanki ɗaya kamar tafin hannu, sai ga shi ya fi kuɗin kaji biyu. Duk da haka ta nace a aiko da shi a mota, wai don dangin miji su san ba gidan ƙauyawa suka zo ba. Da maganar ta kai kunnen maigida, sai ya ce, "Malama, ban hana ki fita kunya ba. Amma ba zan ci bashi don ɗana ya sauke Alƙur'ani ba."

Malama ba ta ce kome ba. Ta karɓi wayar ta sake kallon matar nan har sau uku, sa'an nan ta yi dariya, ta ce wa ƙanwarta, "Ke, ai wannan dambu ne. Dambun kifi ne aka sa wa nono." Ta gane cewa dabarar duka ita ce a marmasa kifi kaɗan a cikin abu mai maiƙo, ya bazu, ɗanɗanonsa ya kai bakin mutane da yawa. Kifi kuwa da nono ba baƙi ba ne a ƙasar Gombe. Kimanin kilomita 37 gabas da gari akwai madatsar ruwa ta Dadin Kowa, wadda Gwamnatin Tarayya ta kammala a 1984 a kan kogin Gongola. Daga can ruwan famfon gari ke zuwa, daga can kuma masunta ke fid da tarwaɗa da karfasa, a sayar da wasu ɗanye, a yi bandar wasu. Batun nono kuwa, a masarautar da Buba Yero ya kafa, ai ba a rasa nono a ruga.

Ana jibi walima ta shiga kasuwa da kanta. Ta zaɓi manyan tarwaɗa huɗu na banda, masu nauyi a hannu, waɗanda hayaƙi ya ratsa amma bai ƙone ba. Ta karya wutsiyar ɗaya ta sansana, domin akwai wasu marasa tsoron Allah da ke yayyafa wa busasshen kifi maganin ƙwari don kada ya yi tsutsa, hanci kuwa ya kan tona su. Tarwaɗa ta zaɓa saboda ba ta da ƙananan ƙayoyi barkatai kamar karfasa. Wurin Bafillatanar da ta saba kawo mata nono kuma ta yi alkawarin ƙwarya guda ta kindirmo wanda ba a tsarma ba.

Ana gobe walima da yamma ta juye kindirmon a cikin farin ƙyalle mai tsabta, ta ɗaure bakinsa, ta rataye a inuwa kusa da randa, ta ajiye kwano a ƙasa yana tarar ruwan da ke ɗiga. In ya kwana haka sai ya yi kauri kamar man shanu, ya tsaya a cokali, ya zama daidai da cukun nan na Turawa. Kifin kuwa ta jiƙa shi a ruwan zafi da gishiri, ta wanke yashi da tokar banda, ta turara shi kaɗan, ta ɓare fata. Sa'an nan ita da ƙanwarta suka zauna kan tabarma da fitila a tsakaninsu, suna murza naman da yatsu gutsure-gutsure suna tsince ƙaya. Abin da matar waya ta gama cikin minti goma, su sai da suka kwashe fiye da awa biyu a kansa, gama wadda za ta ba yara da tsofaffi kifi a cikin burodi ba ta da damar yin gaggawa.

Suna cikin haka sai ga sallama. Gwaggon maigida ce ta iso daga Dukku, tsohuwar da ta goya shi bayan rasuwar mahaifiyarsa, wadda maganarta ba ta faɗuwa ƙasa a dangi. Bayan an gaisa ta sha ruwa, idonta ya kai kan ƙyallen da ke rataye, ya sauko kan tiren kifi. Ta ce, "'Yar nan, me za a yi da waɗannan?" Da aka gaya mata sai ta tafa hannu, ta yi salati, ta ce, "Kifi da nono a kwano ɗaya? Tun muna yara aka hane mu. Kuturta yake kawowa. Ni dai ba da ni ba, kuma ba da jikokina ba."

Nan da nan ƙanwar ta ɗauki zance. Ta ce, "Gwaggo, ai wannan camfi ne. Ƙwayar cuta ke kawo kuturta. Wani likita mai suna Hansen ya gano ta a 1873, a Norwe ma, ƙasar da suke cin kifi da madara kullum." Abin da yarinyar ta faɗa gaskiya ne. Kuturta ba ta da wata alaƙa da abin da mutum ya ci, kuma tana warkewa da magani, wanda Hukumar Lafiya ta Duniya ke bayarwa kyauta tun 1995. Amma Malama ta harare ta, ta ce, "Tashi ki ɗora wa Gwaggo ruwan wanka." Da yarinyar ta fita sai ta durƙusa, ta ce, "Gwaggo, ki yi haƙuri, yarinta ce. In Allah ya so naku daban za a yi."

A daren nan ta yi ta juyayi. In ta fasa nono, kifi huɗu ba za su kai ko'ina ba. In ta nace kuwa, Gwaggo za ta zauna a walimar jikanta da baki busasshe, tsofaffin dangi duk su bi ta, a koma Dukku da labari. Da asuba ta raba kifin biyu. Kashi ɗaya ta daka shi sama-sama a turmi da citta da masoro da ɗan attarugu, ta soya a man gyaɗa da albasa mai yawa har ya yi wara-wara, ya zama dambun kifi irin wanda kowa ya sani. Ɗaya kashin ta cuɗa shi da kindirmon da ya tsane, ta matsa lemun tsami biyu, ta sa gishiri da yankakken lawashi, ta ɗanɗana, ta ƙara barkono kaɗan. Burodi biyar aka yanka ƙanana, aka ɗan gasa a kasko don kada su jiƙe.

Saura zafin gari, wanda shi ne babban abokin gaban abin da aka haɗa da nono da kifi. Wutar lantarki ba abin dogara ba ce, saboda haka ta rufe kwanon ta dasa shi cikin roba mai ƙanƙarar da aka sayo. Ba ta shafa duka a lokaci ɗaya ba. In tire ya fita ya ƙare, sa'an nan a shafa wani, kada abin ya wuce awa guda a waje.

Da mata suka hallara aka fito da tire biyu, Malama da kanta ta tsaya ta yi bayani, ta ce wannan da nono, wannan babu. 'Yan mata da matan aure matasa suka far wa na nono, har wata ta bi ta madafa tana tambayar ko daga Abuja aka kawo. Tsofaffi suka ja na man gyaɗa gabansu. Gwaggo ba ta taɓa na nono ba, ko da ɗan yatsa, kuma ba wanda ya ce mata ta taɓa. Yaro ya karanta abin da ya sawwaƙa, malamai suka yi addu'a, aka ci shinkafa, aka watse, ba a bin gidan ko kwabo.

Kashegari da Gwaggo za ta tafi tasha, sai ta kira Malama cikin ɗaki, ta kwance bakin zanenta, ta nuna mata wata 'yar ƙaya siririya. Ta ce, "A lomata ta biyu na same ta. Na ɓoye don kada matan nan su gani su sami na faɗa. Nan gaba ki ƙara fitila." Malama ta sunkuyar da kai don kunya. Tsohuwar ta ce, "Ragowar dambun nan, na man gyaɗa, ƙulla mini in kai wa mutanen gida. Allah ya yi miki albarka."

To, jama'a, ba a ce Gwaggo ta sake ra'ayi game da kifi da nono ba, ba a kuma ce ƙanwar ta yi kuskure a iliminta ba. Ilimi yana da ranar da za a zauna a koyar da shi cikin natsuwa, ranar kuwa ba ita ce wadda tsohuwa ta sha hanya ta zo taya ka murna ba. Malama ta rufa wa baƙuwarta asiri da kwano na biyu, baƙuwar ita ma ta rufa mata da bakin zane. Matan da ke da hidima a gaba, kuma aljihu ya yi sanyi, suna iya gwada wannan da kifin da ke kasuwar garinsu, su dai tsince ƙaya da kyau, su kuma tambayi tsofaffin gida tun kafin a cuɗa. Allah ya rufa mana asiri duniya da lahira, amin.