Sarauniya, 'Yar Majalisa, Sarki: Glenda Jackson da Rabon Tsofaffin Mata a Dandamali

Duk ɗalibin da ya karanta Daren Sha Biyu, watau wasan Shakespeare da marigayi Farfesa Ibrahim Yaro Yahaya ya mayar Hausa, ya san labarin budurwar da ta yi shigar maza ta kama aiki a fadar wani basarake. Abin da littafin ba zai nuna masa ba shi ne, a zamanin da aka fara yin wasan a Landan, wanda ya fito a matsayin budurwar yaro ne namiji, domin al'adar Ingila ta lokacin ba ta yarda mace ta hau dandamalin 'yan wasa ba. Sai a shekarar 1660 aka fara ganin mata a can, alhali Shakespeare ya rasu tun 1616. Wannan tarihi ya bar baya da ƙura. Da yake yara ne ke ɗaukar matsayin mata, marubucin bai yawaita su ba, waɗanda ya fi ba nauyi kuma galibi 'yan mata ne ko matan aure masu sauran ƙuruciya. Namiji ɗan wasa yana da tsani da zai yi ta hawa har tsufansa: ya fara da Romeo, ya wuce Hamlet da Macbeth, in furfura ta cika masa kai ya tarar da Sarki Lear yana jiransa. Mace kuwa tsaninta gajere ne, da ta haye shekara hamsin sai a fara miƙo mata matsayin uwar wani ko mai renon wata. Rayuwar Glenda Jackson, wadda ta rasu a 2023, labari ne na macen da ta iske ƙarshen wannan tsani, ta sauka ta yi tafiyarta, sa'an nan bayan shekara 25 ta komo ta hau na maza.

An haife ta ran 9 ga Mayu, 1936, a Birkenhead, tsallaken kogi daga birnin Libaful. Mahaifinta birkila ne, mahaifiyarta kuma tana aikin shara da goge-goge a gidajen mutane, ita ce babba cikin 'ya'ya mata huɗu. Da ta bar makaranta sai ta kama tsaron kanti a wani reshe na Boots, masu sayar da magani, har shekara biyu, tana shiga wasan 'yan sa-kai na unguwa da yamma. A 1954 ta sami tallafin karatu a RADA, babbar makarantar koyon wasan kwaikwayo ta Landan. Ita da bakinta ta ba da labarin cewa a can aka gaya mata kada ta sa rai da samun aiki sosai kafin ta kai arba'in, domin ba ta da irin fuskar da ake ba matsayin tauraruwa. Maganar ta so ta tabbata. Ta yi shekaru tana bin ƙananan ƙungiyoyin wasa na garuruwan lardi, waɗanda ke sake wasa kusan kowane mako, kuma akwai lokacin da aiki ya ɗauke mata ƙaf, ta koma kai abinci a teburi da sayar da kaya a kantuna.

Wanda ya ga abin da sauran ba su gani ba shi ne darakta Peter Brook. A 1964 ya ɗauke ta cikin ƙungiyar Royal Shakespeare, ya ba ta matsayi a wasan da aka taƙaita sunansa Marat/Sade, na marubucin Jamusanci Peter Weiss. Wasa ne cikin wasa: majinyatan wani gidan mahaukata a Faransa ne ke kwaikwayon kisan Marat, ɗaya daga jagororin juyin juya halin ƙasar, wanda Charlotte Corday ta soke da wuƙa a 1793. Jackson ta fito a matsayin majinyaciya mai ciwon barci da aka ɗora wa zama Corday, saboda haka dole ta riƙe mutum biyu a jiki ɗaya, mai kisa da ta ƙudura niyya da marar lafiyar da barci ke fizga tana tsakiyar magana. Wasan ya je Niyok, aka kuma mayar da shi fim a 1967. Daga nan aka san kayan aikinta: murya mai kaifi wadda ke kai kowane harafi har kujerar ƙarshe, da idon da ba ya roƙon 'yan kallo su so ta. Fim ɗin Women in Love na 1969 ya kawo mata lambar Oscar ta farko. Ba ta halarci bikin karɓa ba.

Amma in ana son ganin gwanintarta a wuri ɗaya, to, sai a duba Elizabeth R, wasan talabijin mai kashi 6 da gidan BBC ya nuna a 1971. A ciki ta ɗauki rayuwar Sarauniya Elizabet ta Ɗaya, wadda ta mulki Ingila daga 1558 zuwa 1603, tun tana gimbiya da ranta ke hannun 'yar'uwarta, har ta zama tsohuwa mai shekara 69 da ke kokawa da mutuwa. Jackson tana da shekara 34 a lokacin. Ta yarda aka aske mata gashin gaban kai don goshinta ya yi faɗi irin na hotunan sarauniyar, kashi bayan kashi kuma ana ƙara mata farin kwalli a fuska, wanda aka ce Elizabet ta riƙa shafawa bayan agana ta kama ta a 1562, har a ƙarshe fuskar ta koma kamar bango da aka yi wa farar ƙasa, idanu kaɗai ke motsi a ciki.

A nan ya kamata mai nazarin wasan kwaikwayo ya tsaya ya lura da bambancin fage biyu. A dandamali ɗan wasa yana nesa, dole ya faɗaɗa komai, motsi da murya, don na baya ya samu. Kyamarar talabijin kuwa tana zuwa har gaban hanci, kuma mai kallo yana zaune a ɗakinsa, ba taron jama'a da zai ɗauke shi. Wanda ya kawo hargowar dandamali gaban kyamara zai zama abin dariya, wanda kuma ya saba da raɗar kyamara ba za a ji shi a zaure mai kujera dubu ba. Jackson ta ajiye ƙarfin muryarta ga wuraren da sarauniya ke tsawata wa 'yan majalisarta, sauran kuwa ta bar wa ido da laɓɓa. Mai kallo yana ganin mace ɗaya tilo cikin ɗaki cike da maza, kowannensu yana son ya aurar da ita don a sami magaji, ita kuwa ta san ranar da ta yi aure ranar mulki zai fita hannunta. Tana yi musu murmushi, tana ja musu rai, tana lissafi. Wasan ya ba ta lambar Emmy biyu a Amurka. Ya kuma yi mata wani abu da fim bai yi ba, watau ya shigar da ita gidajen talakawan da ba su taɓa sayen tikitin gidan wasa ba.

A shekarar nan dai ta fito a shirin barkwanci na Morecambe da Wise, ta yi shigar Kiliyofatara ta bari aka yi dariya da ita. Wani darakta Ba'amurke, Melvin Frank, ya gani, ya gane ashe matar nan mai ɗaure fuska ta iya ban dariya, ya ba ta A Touch of Class na 1973. Oscar ta biyu ke nan, wannan ma ba ta je karɓa ba.

Duniya rawar 'yan mata ce, in ji Hausawa, na gaba ya koma baya. Cikin shekarun 1980 ta ci gaba da manyan wasanni a dandamali, na Eugene O'Neill da Lorca, amma finafinan da ake kawo mata sun fara raguwa a daraja, kuma ta sha kokawa a fili cewa marubuta ba su ɗauki mace a matsayin wadda labari zai rataya a wuyanta ba. A daidai wannan lokaci Margaret Thatcher ke mulkin Birtaniya, Jackson kuwa 'yar jam'iyyar Leba ce tun tana budurwa, kuma ta tsani abin da take gani ana yi wa irin mutanen da ta fito daga cikinsu. A zaɓen 1992 ta tsaya takara a mazaɓar Hampstead da Highgate a arewacin Landan, ta ƙwace kujerar daga hannun jam'iyyar masu ra'ayin riƙau, ta bar wasa baki ɗaya.

Shekara 23 ta yi a majalisa, kuma gaskiya ita ce ba ta yi tashen da aka zata ba. Waɗanda suka sa ran ganin Sarauniya Elizabet tana zazzaga wa abokan hamayya sun tarar da wakiliya mai sauƙin tufafi da ke fama da ƙorafin gidajen haya da motocin safa. Tony Blair ya ba ta ƙaramar ministar sufuri a 1997, ta ajiye a 1999 don neman jam'iyya ta tsayar da ita takarar magajin garin Landan, ba ta samu ba. Daga baya ta zama cikin masu sukar Blair da kakkausar murya kan yaƙin Iraƙi. A zaɓen 2010 da ƙuri'a 42 kacal ta tsira. Rana ɗaya ce muryar nan ta dandamali ta fito sosai, watau 10 ga Afrilu, 2013, da majalisa ta taru don yabon Thatcher kwana biyu bayan rasuwarta. Jackson ta miƙe ta lissafa ɓarnar da take ganin aƙidar marigayiyar ta yi, daga makarantun da suka lalace zuwa marasa gida da ke kwana a ƙofar kantuna, 'yan ɗaya ɓangaren suna ta ihu, ita kuwa ba ta sassauta ba. Ko ya dace a yi wa mamaci haka tun ba a binne shi ba, wannan abin a yi gardama ne, kuma Bahaushe zai ji nauyinsa. Kakakin majalisa dai ya yanke cewa ba ta karya wata doka ba.

Masu sharhi da yawa sun ɗauki waɗannan shekaru asara ce ga fagen wasa, kuma ba a ce ba su da hujja ba. Tsararrakinta biyu, Judi Dench da Maggie Smith, waɗanda aka haifa a 1934, sun zauna cikin sana'ar, kuma a tsufansu suka fi yin suna a duniya. Sai dai a duba da me suka yi sunan: ɗaya shugabar James Bond, ɗaya malamar Harry Potter da kakar gidan Downton Abbey. Matsayi ne masu daɗi, sun kuma yi su da gwaninta, amma a gefen labarin wani suke. Da wuya a ga yadda mace mai halin Jackson za ta yi shekara ashirin tana shigowa ta jefa magana mai gishiri ta fita.

Ta bar majalisa a 2015. Abokiyarta Núria Espert, 'yar wasan Sifen da ta taɓa ba ta umarni a wasan Lorca, ta yi Sarki Lear a Basalona, Jackson ta je kallo, daga nan shawarar ta taso. A ƙarshen 2016, tana da shekara 80, ta hau dandamalin Old Vic a Landan a matsayin Lear, ƙarƙashin darakta Deborah Warner. Ba ita ce mace ta farko da ta yi shi a Ingila ba, Kathryn Hunter ta riga ta a 1997, amma ba a taɓa ganin wadda ta zo masa daga hutun shekara 25 ba. Wasan ya haura awa uku. Labarin tsohon sarki ne da ya raba ƙasarsa ga 'ya'yansa mata bisa ga wadda ta fi iya faɗin tana sonsa, ya kori ƙaramar da ta ƙi yi masa daɗin baki, manyan biyu kuma da suka karɓi rabonsu suka rufe masa ƙofa, ya kwana a daji cikin hadari hankalinsa ya gushe. Jackson ba ta manna gemu ba, ba ta kumbura murya ta zama ta maza ba, ba a kuma sake rubutun an mai da sarki sarauniya ba. Ta fito da wando da riga, 'yar tsohuwa siririya, ana kiranta uba tana amsawa. Bayaninta shi ne, a zagayen da ta riƙa yi gidajen tsofaffi lokacin tana wakiliya, ta lura cewa in shekaru suka yi nisa iyakar da ke tsakanin namiji da mace takan fara dushewa, abin da ke saura shi ne mutum da tsoronsa da fushinsa. Wannan jawabi ya isa amsa ga masu cewa majalisa ta cinye mata shekaru a banza. Wadda ta yi sarauta ta wasa tana da 34, ta ɗanɗani ƙaramin mulki na gaske ta ga iyakarsa, ta zauna da tsofaffin da 'ya'yansu suka ajiye suka tafi, ta zo wa Lear da guzurin da makarantar wasa ba ta bayarwa.

Ba kowane abu ne ya yi daidai ba. Da aka sake shirya Lear a Niyok a 2019 da wani darakta, masu sharhi sun yaba mata sun kushe shirin, aka rufe shi kafin wa'adinsa. Amma kafin nan, a 2018, ta ci lambar Tony da wasan Edward Albee mai suna Three Tall Women, inda ta fito a matsayin attajira mai shekara casa'in da 'yan kai. A Disamba 2019 ta komo talabijin na BBC cikin Elizabeth Is Missing, a matsayin Maud, tsohuwar da gigin tsufa ya kama, tana neman ƙawarta da ta ɓace da taimakon 'yan takardun da take rubuta wa kanta tana cusawa a aljihu, ba wanda ya yarda da maganarta. Kyamara ta sake zuwa gaban fuskar da aka taɓa shafe da farin kwalli don a tsofar da ita, wannan karon ba a bukaci kwalli ba. Ta sami lambar BAFTA a 2020. Fim ɗinta na ƙarshe, The Great Escaper, tare da Michael Caine wanda suka yi wasa tare tun 1975, ya fito a Oktoba 2023. Ita kuwa ta rasu a gidanta da ke Blackheath a Landan ran 15 ga Yuni na shekarar, tana da shekara 87, wata huɗu kafin a fara nuna shi.