Kwarin da Agogo Ke Ƙarya

Mu huɗu muka shiga kwarin: ni mai riƙe da littafin awo, da safiyo, da yaronsa mai ɗaukar sanda, sai wani tsoho da ya yarda ya ja mu gaba a kan kwanon sukari biyu da ganyen shayi. Kada wani ya wahalar da kansa yana neman wurin a Google Maps, a cikin kaina yake. Amma kayan aikin da muka ɗauka na gaske ne, haka ma abin da ya kayar da mu.

Wanda bai taɓa aikin taswira ba yakan ɗauka da igiya da ido ake yin ta. Da agogo ake yi. Duniya tana juya digiri 360 cikin awa 24, wato digiri ɗaya duk minti huɗu. In kana riƙe da agogon da ya tsare lokacin gida, ka duba sa'ad da rana ta take tsaka a inda kake, bambancin zai gaya maka nisan da ka yi gabas ko yamma. Neman irin wannan agogo ne ya cinye rayuwar John Harrison, kafintan Ingila da ya koma maƙerin agogo, har aka ɗauki na huɗu da ya ƙera zuwa Jamaika a 1761 don gwaji. Daga baya, a 1884, ƙasashe 25 suka zauna a Washington suka tsayar da Greenwich ta zama mafarin ƙidaya. Mu ma agogo uku muka riƙo, rana ɗaya aka saita su.

Da gari ya waye mana a ciki, na farko ya ce ƙarfe bakwai, na biyu ya ce sha ɗaya, na uku kuwa yana ja da baya sannu-sannu kamar wanda ya hango surukinsa a hanya. Safiyo ya ce batir ne. Ya ciro na'urar GPS, ita kuma ta ajiye mu a tsakiyar teku. Ban ga laifinta ba, don ita ma da lokaci take lissafi. Agogon taurarin ɗan Adam da take saurare yana riga na ƙasa da kashi 38 cikin miliyan na daƙiƙa kowace rana, kuma da ba a gyara wannan ɗan gurbi, da kuskuren ya kai kimanin kilomita 10 a yini guda. To ina ga inda awa sukutum ke ɓata tsakanin dutse da dutse?

A wurin shayi na fara jin tsoro. Yaro ya ɗora buta a gindin wani baƙin dutse, ya juya ɗauko kofuna. Kafin ya waiwayo gawayi ya zama toka mai sanyi, butar ta ƙafe, har tsatsa ta kama gindinta. Taku biyar daga nan kuwa gurasar da muka bari jiya tana nan da ɗuminta.

Shi dai yaron nan ya sha wuya. Aka tura shi yamma da sanda, mita 200 kacal. Ta madubin awo muna kallonsa yana ɗaga ƙafa kamar mai ratsa taɓo, muka jira tun azahar har la'asar sakaliya, ya dawo yana rantsuwa bai yi minti biyar ba. Kashegari aka tura shi gabas. Kafin in feƙe fensir sai ga shi, ya rame, leɓe ya tsage.

"Haba Oga! Kwana uku kuka bar ni ba ko ruwa!"

Tsoho bai ko ɗaga kai ba, carbinsa yake ja. Na ce, "Baba, ku yaya kuke sallah a nan?"

"Kowa da inuwarsa, ɗana. Ka duba taka, ka bar ta maƙwabcinka."

Shi ya nuna mana cewa mutanen wurin ba su ɗauki abin masifa ba. A gefen da lokaci ke jan ƙafa suke ajiye nono da nama, can kuma suke kwantar da mai naƙuda kafin ungozoma ta iso. A gefen da yake gudu suke shuka gero, sai dai ba a barin saurayi ya daɗe a gonar, kada ya fito da furfura kafin a kai masa lefe. Na tuna Ashabul Kahfi da shekarunsu 309, na ce a raina su dai barci suka yi, waɗannan kasuwanci suke da abin.

Taswirarsu igiyar kaba ce mai ƙulle-ƙulle. Kowace hanya ƙulli biyu gare ta: kwanakin da za ta ci daga ranka, da kwanakin da iyalinka za su yi suna jira. Safiyo ya yi mata kallon raini, ya ce wannan ba ilimi ba ne. Ni kuwa na ga ta fi tamu amfani nesa ba kusa ba, domin ba wanda ya taɓa tambayar tsoho mita nawa ne zuwa rijiya. Sai da takardar safiyo ta bakwai ta nuna tsauni ɗaya a wuri uku, sannan ya ari igiyar da dare, yana zaton barci nake.

Rigimar ƙarshe a ofis aka yi ta, wajen kuɗin kwana. Littafina ya nuna kwana 11, na safiyo 13, yaro ya dage a kan 16, kuma duk ba mai ƙarya a cikinmu. Akawu ya buɗe rajista, ya ce ranar Litinin muka sa hannu muka fita, yau kuma Laraba. Na kwana biyu ya biya mu.